Sunan da Cima Ba Ta Faɗi

Ni dai an ce bakina ba ya riƙe ruwa. A garinmu, can gabas da Galma, in mace ta yi ɓarin miya da hantsi, kafin azahar na san ko ta kuka ce ko ta kuɓewa. Yara suna ce mini Inna Radiyo, ni kuwa ba na jin haushi, don wadda ta raɗa mini sunan ma wurina take zuwa jin labari. Sunana Hindatu. Na yi lakwal, wato makarantar boko, shekara uku kafin a cire ni, shi ya sa nake iya haɗa baƙaƙe in karanta sunan mutum da lamba. Faransanci kam, in ya wuce gaisuwa, sai in bar wa masu shi.

Mutane ba su san abin da ke sa tsohuwa yawon gidaje ba. Mai gidana ya rasu, ɗiyana maza biyu suna Libiya, salular da suka aiko mini tana rataye a ƙusa, sai ta yi wata ba ta yi kuka ba. In ka shiga gidan mutane ba ka ɗauko kome ba, a tsaye ake gaishe ka. In ka shiga da labari sai a turo maka kujera da ƙafa. To ni da labari nake sayen kujera.

Gida ɗaya ne ban taɓa samun abin ɗauka a cikinsa ba, gidan Cima, wadda darni ɗaya ya raba mu. Ba a faɗa a gidan, ba a biki, ba baƙo. Ta haihu sau biyu, duka sun koma tun suna goye. Mijinta Tanko ya tafi Abijan ci-rani, yadda mazan Adar ke tafiya da sun isa ɗaukar jaka. Da farko yana dawowa kowace damina. Daga baya sai atamfa da sabulu ke zuwa ta hannun masu dawowa. Da yaƙi ya tashi can ƙasar, sabulun ma ya daina zuwa. Wani ya ce ya gan shi yana tallar agogo, wani ya ce ya ƙetara Gabon. Ni da kaina na kai mata waɗannan labarai, ta ce mini na gode, ba ta turo kujera ba.

Shekara ashirin da ƴan kai ke nan. An ba ta shawara har an gaji, an ce ta je wurin alƙali ya raba auren, ko ta koma Urno wurin danginta. Ta ƙi. Ta ce ranar da mai gidan zai tafi ya bar mata amanar fadamarsa, ya ce ta riƙe masa har ya dawo.

Fadamar ba wata babba ba ce, amma akwai rijiya a ciki wadda Tanko ya gina da hannunsa, ya ɗauko duwatsu daga tudu a kan jaki ya jera mata baki. Cima tana shuka ɗan albasa da tonka da zogale. Kowace safiya sai ta je ta ja ruwa, ko da ba abin ban-ruwa, ta zubar a gindin lemo. Na taɓa yi mata tsiya na ce ko aljanun rijiya take shayarwa. Ta ce, “Rijiyad da ba a ja mutuwa takai, Hindatu.”

Mutum ɗaya ke leƙa ta, Iliyasu, ɗan wan Tanko. Ubansa ya rasu, shi kuwa yana yaro ƙarami Tanko ya yi tafiyar ƙarshe. Yanzu ya zama magidanci, yana kabu-kabu tsakanin Galma da Madawa. Ba mugun yaro ba ne. Ran Juma'a yakan tsaya bakin zaure ya ce, “Inna, lahiya dai?” matarsa Karima kuma takan aiko da ɗan tuwo. Sai dai ƴan kasuwar albasa na Madawa sun shiga sayen fadamu, kowa ya ga yadda ƙasa ta yi daraja, Iliyasu kuma kullum babur ɗinsa yana wurin makanike.

Bayan ƙaramar salla da ƴan kwanaki, ina tankaɗe, na hango Iliyasu da maigari da liman sun nufi gidan Cima. Mutum uku irin waɗannan ba sa haɗuwa don gaisuwa. Na aje rariya na liƙa kunne a darni.

Iliyasu ya ce wani Bakeite, mutumin wani gari na nan Adar, da ya dawo daga Abijan ya tare shi a tashar Madawa ya ba shi takarda. Takardar mutuwa ce, daga wata asibiti ta can, da tambari da sa hannun lokotoro, wato likita. Baba Tanko ya rasu cikin azumi. Liman ya yi addu'a, ya ce takaba daga ranar rasuwa ake lissafa ta, don haka saura mata wata uku da wani abu. Ban ji kukan Cima ba. Na ji dai ta ce a bar mata takardar ta kwana wurinta.

Suna fita na shiga. Ta miƙo mini ita ta ce, “Ke da kinka yi lakwal, karanta min.”

Takarda ce fara tas, da tambari shuɗi mai zagaye, da wani ɗan kan sarki liƙe a gefe. Na bi da yatsa. Na ce ga Abijan nan, ga ranar, ga sunansa, Tanko Muhammadu.

“Sake karantawa.”

Na sake.

“Babu wani suna? Duba ƙasa. Duba baya.”

Na duba, na ce babu. Ta karɓa ta ninke, ta kalli ƙofa, sannan ta ce, “To.” Ta sa hannu ta fara tsefe kitsonta.

Kashegari gidan Cima ya cika. Ni da nake maƙwabciyarta ban taɓa sanin tana da tabarmi har huɗu ba. Danginta suka zo daga Urno a bayan a-kori-kura, da wata ƙanwarta da ba su ga juna ba tun auren fari. Matan gari suka yi ta shigowa da hatsi da gumba. Tsofaffin da suka yi ci-rani tare da Tanko suka zauna a zaure suna ba da labarinsa, yadda ya taɓa kwana cikin kwandon goro a jirgin ƙasa don kada ɗan sanda ya gan shi. Cima tana ɗaki da zane ɗaya, ba kwalli ba turare, da ƴar wuƙar da mai takaba ke riƙewa a gefenta, tana sauraro ta taga. Aka yi sadakar uku, aka yi ta bakwai. Bayan an watse ma mata ba su daina ba, don an ce mai takaba ba a barinta ita kaɗai. Wagga ta zo da hantsi, waccan ta zo da la'asar. Karima ta koma aiko da tuwo kullum.

Ni da idona, na lura da abu ɗaya. Matar da aka ce mijinta ya mutu sai ƙiba take yi. Kuncinta ya ciko. Ran nan har na ji ta tana dariya ƙasa-ƙasa da matar liman.

Wata rana da azahar ta rage daga ni sai ita, muna tsinke zogalen da na ciro mata daga fadama, tunda ita ba ta fita. Na ce, “Cima, in da na san takaba na gyara mace haka, da na roƙi a ƙara min tawa.”

Ba ta yi dariya ba. Ta ce, “Kin iya riƙe magana?”

“Kin san ban iya ba.”

“To yau za ki koya. Rantse.”

Na rantse da abin da zai kashe ni. Ta ce, “Takardag ga ƙarya ta.”

Na saki zogale. Ta ci gaba da tsinka tana magana a hankali. Ta ce Tanko ba sunansa na yanka ba ne. Sunan kakansa aka sa masa, uwarsa kuwa ba ta iya faɗin sunan surukinta, ga shi ya zo bayan mata uku, sai aka bi shi da Tanko. Gari duka ya ɗauka, har maigari da masu karɓar haraji. Waɗanda suka ci naman sunansa duk sun mutu. Amma da zai yi tafiyar farko ya je Madawa ya yi katin ɗan ƙasa, can kuwa sunan yanka ya bayar. Ya nuna mata katin da hotonsa, yana dariya yana cewa gwamnati kaɗai ta san shi.

“Katin nan bai rabuwa da aljihunai. Ko wanka za shi sai ya naɗe shi cikin hula. In ya hwaɗi Abijan, mi lokotoro ka gani? Kati. Wa as san Tanko can cikin asibiti? Wanda yar rubuta wagga takarda, nan garin yaj ji sunan.”

Na ce, “Tun ranar kika sani.”

“Tun kina karantawa.”

“To mi ya hana ki magana?”

Ta nuna tabarmar da muke kai. “Kin san rabon da a shimhiɗa wagga? Har gara ta hwara cin ta.” Sannan ta ce, “Kuma na gaji, Hindatu. Mota ta tsaya bakin hanya, in tashi. Kare ya yi haushi, in tashi. Takarda ta ce in zamna, na zamna. Ko ta ƙarya ta, na samu kwana.”

Na tambaye ta sunan. Ta kalle ni kamar na ce ta tuɓe a kasuwa. Mace irin ta zamaninmu ba ta faɗin sunan mijinta, ko laƙabi balle na yanka. Ita “shi” take cewa, ko “mai gidan nan”.

Ku da ba ku san ciwon gulma ba, ba za ku gane wahalar da na sha ba. Labari mafi girma da aka taɓa yi a garinmu yana cikin cikina, ina shiga gidaje ina ba da labarin akuyar da ta ci sabulu. Na daina zuwa rijiyar gari don kada bakina ya kuɓuce. In na haɗu da Iliyasu sai in ce, “Ɗana, Allah shi jiƙan Baba Tanko,” in tsura masa ido har ya rasa inda zai sa makullin babur. Wannan kaɗai na rage zafi da shi.

Ba a kai ga wankan fita takaba ba Iliyasu ya fara gaggawa. Ya ce lokacin zuba irin albasa ya matso, mai saye ba zai jira ba. Aka yi rabon gado a baki: tunda babu ɗa, Cima tana da rubu'i, sauran na Iliyasu. Fadamar ba ta rabuwa, don haka za a sayar wa Alhaji Mu'awiya, wani ɗan kasuwar albasa na Madawa, a ba ta nata. Har ya ba Iliyasu kafin alƙalami.

Tunda mai takaba ba ta fita, su suka zo. Maigari, da Alhaji Mu'awiya da babbar riga, da wani ma'aikacin meri, ofishin magajin gari, mai kula da takardun gonaki, da shaidu biyu da Iliyasu ya kawo, masu cewa su ma sun ji rasuwar daga bakin Bakeiten. Ni ma na shiga, na ce na zo riƙe mata mayafi. Ma'aikacin ya baza takardar sayarwa a kan jakarsa, ya aje ta mutuwar kusa da ita, ya buɗe ɗan akwatin tawada, ya nuna inda kowa zai sa hannu. Iliyasu ya yi nasa sa hannun mai wutsiya. Aka turo wa Cima ta dangwala yatsa.

Ta ɗora babban yatsanta a kan tawada. Sai ta ce daga cikin mayafi, “Alhaji, rijiyar hwa?”

“Wace rijiya, Inna?”

“Ta duwatsu.”

Ya yi murmushi. “Ai wannan cike ta za mu yi, ta tare wuri. Yanzu tiyo ake kahewa a sa inji. Kwana guda an gama.”

Cima ta ɗaga yatsan ta kalle shi, shuɗi har gefen farce. Ta goge shi a zanen takaba, a hankali, gaba da baya.

“Ba ni dangwalawa. Mai gonar bai mutu ba. Ko ya mutu, ba wagga takarda tas sani ba.”

Maigari ya ce baƙin ciki ne ya taɓa ta. Iliyasu ya ce, “Inna, mi kike hwaɗi haka gaban mutane?” Alhaji Mu'awiya ya dubi Iliyasu, ya dubi takardar mutuwar, ya ninke ta ya sa a aljihunsa. Ɗan kasuwa ba ya son gardama a gidan mutane. Kashegari ya kai ƙara jandarmari, ofishin jami'an tsaron da ake ce wa jandarma.

Ranar shari'a liman ya ce lalura ce, tana iya fita. Ni na raka ta Madawa. A bakin ƙofa jandarma ya karɓe ƴar wuƙarta, na ce masa ta takaba ce, ya ce ko ta wanzami ce ba ta shiga. Ɗakin cike yake, rabin garinmu sun zo kallo. Alƙalin yaro ne, bai fi ɗana na biyu ba, amma yana jin Hausa irin ta Damagaram. Magatakarda yana gefensa yana rubutu.

Ya fara da Iliyasu. Ya ce wa ya ba shi takarda, ya ce Bakeite. Sunansa? Bai tambaya ba. Ya ce to mene ne sunan baffan naka? Iliyasu ya ce Tanko Muhammadu, kowa ya sani.

Alƙali ya juyo ga Cima. “Inna, kin ce takardar jabu ce. Da me kika gane?”

“Ba sunanai na ba, ranka shi daɗe.”

“To mene ne sunansa?”

Ta sunkuyar da kai. “Mai gidana.”

“Na sani. Sunansa nake tambaya.”

“Ƙanen uban Iliyasu.”

Aka yi dariya a baya. Wani ya ce a tambaye ta sunan jakinsa, ta fi saurin faɗi. Ta jawo ni ta ce za ta raɗa mini in faɗa. Wallahi har na miƙa kunne, raina yana tsalle. Alƙali ya ce a'a. Ya ce shaida daga bakin mai ita ake karɓa, ba a aron baki a kotu. Ya sassauta murya ya ce, “Inna, na san al'ada, uwata ma haka take. Amma in ba ki faɗa ba, ba ni da abin da zan sa a nema. Takarda mai tambari tana gabana, ke kuwa ba ki ba ni kome ba. Sai in bar ciniki ya wuce.”

Ina jin numfashin Cima. Hannunta yana neman wuƙar da babu. Sannan ta gyara tsayuwa, ta janye mayafi daga bakinta.

“Alƙasim.”

Muryar ta fito a shaƙe, kamar ƙofar da aka daɗe ba a buɗe ba. Alƙali ya ce ta ƙara, magatakarda bai ji ba.

“Alƙasim ɗan Muhammadu.”

Ba wanda ya yi dariya. Wani tsoho a baya ya ce, “Allahu akbar, sunan tsohon Zangon Dutse,” yana nufin kakan.

Aka ɗage zama zuwa bayan azahar. Magatakarda ya shiga ɗakin tsofaffin takardu ya fito da ƙura har gira, ya kawo takardar shaidar haihuwar da kotu ta yi wa mijin Cima lokacin da ya nemi kati. Alƙasim Muhammadu, garinmu, sunan uwarsa daidai. Babu Tanko ko ɗaya. Alƙali ya ce kuma shi tun farko tambarin bai kwanta masa ba, an buga shi ne da inji tare da rubutun, ba a danna shi da hannu ba. Iliyasu ya fashe da kuka. Ya ce wani mutum ne a bayan tasha, mai ɗan shago da na'ura, shi ke yi wa mutane takardar haihuwa da ta makaranta da duk wadda ake so. Ya tambaye shi sunan mamaci, shi kuwa ya ba da wanda ya sani.

Alƙali ya jera masa laifuffuka, ni ma na ƙaru da ilimi. Ƙirƙirar takardar hukuma laifi ne. Aiki da ita bayan ka san jabu ce wani laifin ne daban, ko ba kai ka buga ba. Karɓar dukiyar Alhaji a kanta zamba ce. Shaidu biyun da suka ce sun ji rasuwar daga bakin Bakeite, shaidar zur ke nan, aka ce su ma su tsaya. Aka soke rabon gado, aka soke ciniki, aka tura jandarmomi bayan tasha.

Cima ta ɗaga hannu ta ce a yi wa yaron sassauci, shi kaɗai ke gaishe ta ran Juma'a. Alƙali ya ce ya ji, amma laifin ba ita kaɗai aka yi wa ba, an yi wa hukuma. Aka wuce da Iliyasu gidan kaso. Karima ta bi mu da wani kallo a bakin ƙofa.

Kafin mu fita alƙalin ya kira mu ofishinsa. Ya ce, “Inna, akwai hanya ta gaskiya. Mutumin da ya ɓata shekaru haka, kina iya shigar da buƙata, a yi cigiya, in ba a same shi ba kotu ta ba ki hukunci a ɗauke shi a matsayin wanda ya rasu. Ki yi takabarki, ki karɓi rabonki, ba mai ce miki kome.”

Cima ta ce, “Kun gan shi?”

“A'a.”

“Kun ga kushewatai?”

“A'a, Inna.”

“To mi ar raba taku da ta Iliyasu?”

Ya yi ɗan murmushi ya ce, “Tamu tambarinta na gaskiya ne.”

Ta ce ta gode, Allah shi ƙara girma. Ta karɓi wuƙarta wurin jandarma, muka hau mota. Har muka iso ba ta yi magana ba, ni ma, abin mamaki, ban yi ba.

Liman ya ce tunda babu mutuwa babu takaba. Ta yi wanka, na yi mata kitso da hannuna, ta sa kwalli. Ƙanwarta ta koma Urno. Matan gari suka ɗauke ƙafa, wasu suna cewa ta ci hatsin sadaka tana sane, wata har ta aiko a mayar mata da ƙwaryarta. Wasu suka ce ta kai ɗan mijinta kaso saboda ramin duwatsu. Tuwon Karima ya tsaya. Ran Juma'a babu mai tsayawa bakin zaure. Ni kuwa da na samu izinin buɗe baki, na tarar kowa ya riga ya ji a kotu, ba wanda ya turo mini kujera a kansa.

Na shiga wurinta na tarar tana naɗe tabarmi, tana ɗaure su da igiya za ta rataye. Na ce ta bar ɗaya. Ta ce ta wa? Na ce tawa, ko ni ba mutum ba ce? Ta bar mafi tsufa, wadda gara ta ci.

Da safe ta koma fadama. Rijiyar ta yi wata biyu ba a ja ba, ruwan ya yi kore yana wari. Muka yi ta ja muna zubarwa, tsofaffi biyu da wasaki ɗaya, har ya fara haske. Na ce, “Yanzu kin koma tashi in mota ta tsaya.” Ta ce, “Na koma.” Na ce ba ta yi nadama ba? Ta ce in ja igiya in bar surutu.

Ga abin da ban faɗa wa kowa ba sai yanzu. Wani lokaci da la'asar, in gari ya yi tsit, ina jin ta ta darni tana tsinke zogale ita kaɗai. Sai ta ce, “Alƙasim.” Ba kira take ba, ba kuka ba. Faɗi kawai take, ta yi shiru, can ta sake, kamar mai ɗanɗana gishirin miya.

Ran nan na zauna a ɗakina, salula tana rataye a ƙusarta, na tuna ni ma shekara talatin da wani abu na yi da nawa mai gidan, har aka ɗauke shi ban taɓa faɗin sunansa ba. Na rufe ƙofa na gwada. Ya fito, amma babu wanda ya ji, sai kaza da ke ƙarƙashin gado.

Kada ku sa rai zan rubuta muku shi nan.